Ƙawaye a Turai, Kishiyoyi a Maigatari: Abin da Takardun Landan da Paris Suka Bayyana

Ranar 4 ga Maris 1947, ministan harkokin wajen Birtaniya Ernest Bevin da takwaransa na Faransa Georges Bidault suka haɗu a garin Dunkirk, suka sa hannu a kan yarjejeniyar ƙawance ta shekara hamsin. Abin da aka rubuta a takardar shi ne taimakon juna idan Jamus ta sake tayar da ƙayar baya. Ba a ambaci Afirka ba. Sai dai masana tarihin da suka bi diddigin wasiƙun wancan zamani sun gano cewa Afirka na cikin zuciyar lissafin, kuma iyakar da ta ratsa arewacin Maigatari tana daga cikin wuraren da za a iya auna ko ƙawancen na gaske ne ko na fatar baki.

Kasuwar Maigatari, wadda ke ci kowace Alhamis, tana cikin manyan kasuwannin dabbobi na Afirka ta Yamma. Shanu da raƙuma da tumaki na gangarowa daga Dungas da Magarya da Damagaram, hatsi da kayan masarufi na haurawa. Duk lokacin da aka rufe iyakar, kamar yadda aka yi daga Agustan 2019 zuwa Disamban 2020, da kuma bayan juyin mulkin Yamai na 26 ga Yulin 2023, a nan ake fara jin raɗaɗin. Tambayar da ke gaban mai nazari ita ce: ƙasashe biyun da suka shata wannan iyaka, waɗanda suka fito daga Yaƙin Duniya na Biyu a matsayin ƙawaye, me ya hana su sassauta ta a lokacin da iko ke hannunsu?

Yadda aka yanka ƙasar

Masarautar Gumel ta Mangawa ce, kuma kafin zuwan Turawa Borno take bi, ba Sakkwato ba. Tsohuwar hedikwatarta, Tumbi, yau tana cikin Jamhuriyar Nijar. A ƙarni na 19 ta sha fama da Haɗejiya ta kudu maso gabas da Damagaram ta arewa, kuma a 1903 Sarki Ahmadu ya yi mubaya'a ga Ingilishi. Iyakar da aka sani a da ta biyayya ce: gari na bin sarkin da yake kai wa gaisuwa, ko mai nisa ne ko na kusa.

Turawa suka zo da iyakar taswira. A 5 ga Agustan 1890 suka ja layi daga Say a bakin Kwara zuwa Barruwa a bakin Tafkin Chadi. A 14 ga Yunin 1898 suka gyara shi, suka zana baka mai nisan mil 100 kewaye da Sakkwato. Wannan gyara ya jefa Faransawa cikin ƙasar da babu rijiyoyi, har ayarinsu daga Kwara zuwa Damagaram ya zama azaba. A yarjejeniyar 8 ga Afrilun 1904, Birtaniya ta yarda ta matsar da layin kudu, Faransa kuma ta saki tsohon haƙƙinta na kamun kifi a gaɓar Newfoundland, can a arewacin Tekun Atlantika. Ma'ana, kifin da Bagumale bai taɓa gani ba yana cikin farashin da aka yi cinikin iyakar ƙasar Hausa. Yarjejeniyar 29 ga Mayun 1906 ta fayyace layin, sannan kwamitin Kyaftin Tilho na Faransa da Manjo O'Shee na Birtaniya ya bi shi da ƙafa tsakanin 1906 da 1908, ya kafa alamomi 148. Derrick Thom, a nazarinsa na 1975 kan wannan iyaka, da J. C. Anene a littafinsa na 1970 kan iyakokin Najeriya, sun nuna cewa masu shatawar sun yi la'akari da ikon sarakuna gwargwado, amma rijiya da hanyar soja sun fi sarauta nauyi a ma'auninsu.

Lokacin da ƙawaye suka zama abokan gaba

A Yunin 1940 Faransa ta faɗa hannun Jamus. Gwamna Félix Éboué na Chadi ya bi Janar de Gaulle a watan Agusta, amma Gwamna Janar Pierre Boisson da ke Dakar ya tsaya tare da gwamnatin Vichy, kuma Nijar na ƙarƙashinsa. A watan Satumba jiragen ruwan Birtaniya da dakarun de Gaulle suka kai wa Dakar farmaki, aka kore su. Daga nan har Nuwamban 1942, iyakar Gumel da Damagaram ta koma iyakar masu zargin juna. Kowane ɓangare na leƙen asirin ɗaya, ciniki a hukumance ya tsaya, kuma Kano ta zama zango mai muhimmanci a hanyar jiragen yaƙin da ake haɗawa a Takoradi ana kai su Masar.

Wannan shekara biyu da rabi ta bar tabo. Jami'an Faransa da yawa sun fita daga yaƙin da imanin cewa Ingilishi na jiran dama ne kawai su gaje musu ƙasashe, kuma rikicin Sham da Labanan na 1945, inda sojojin Birtaniya suka tilasta wa Faransawa dakatar da luguden wuta a Dimashƙa, ya ƙara ƙarfafa zargin. Duk wata tattaunawa kan Afirka bayan yaƙi, a kan wannan tabon aka gina ta.

Mafarkin Bevin

Dokar Birtaniya ta 1967 ta rage wa'adin ɓoye takardun gwamnati daga shekara hamsin zuwa talatin. Saboda haka sai a ƙarshen shekarun 1970 da cikin 1980 ne masu bincike suka samu damar karanta fayilolin 1945 zuwa 1956 a ma'ajiyar Kew da ke Landan. Kafin nan, labarin da aka saba ji shi ne Bevin ya nufi Amurka tun farko, kuma ƙungiyar tsaro ta NATO da aka kafa a 4 ga Afrilun 1949 ita ce burinsa. Takardun sun nuna wani abu dabam.

John Kent, a littafinsa na 1992 kan Birtaniya da Faransa da Afirka daga 1939 zuwa 1956, da Anne Deighton a maƙalarta ta 2006, sun nuna cewa tsakanin 1947 da 1948 Bevin na neman kafa rukuni na uku a duniya: Turai ta Yamma ƙarƙashin jagorancin Landan da Paris, mai dogaro da arzikin Afirka, wadda za ta tsaya kafaɗa da kafaɗa da Amurka da Tarayyar Sobiyet. Ya tattauna batun da Firaministan Faransa Paul Ramadier a Satumban 1947, kuma a jawabinsa ga majalisa ranar 22 ga Janairun 1948 ya haɗa batun haɗin kan Turai da albarkatun ƙasashen da ake mulka.

Dalilin wannan mafarki a fili yake. Ƙasashen biyu sun fita daga yaƙi da bashi da yunwa da ƙarancin dala. Mai da kitse sun yi wuya a Turai, ana rabon su da kati. Gyaɗar arewacin Najeriya da ta kudancin Nijar na ceton dalar da za a kashe wajen sayo mai daga Amurka, kuza da koko da roba kuma na samo dala kai tsaye. Buhun gyaɗar da manomin Sule Tankarkar ya kai tashar jirgin ƙasa ta Gagarawa, a kan layin Kano zuwa Nguru da aka kammala a 1930, wani ɗigo ne a cikin lissafin Baitulmalin Landan. Dalar gyaɗa da Kano ta yi suna da ita ma a waɗannan shekarun ta yi ta taruwa, domin jirgin ƙasa ya gaza kwashe amfanin gona saboda ƙarancin injina da taragai.

Abin da aka yi, da abin da aka ƙi

Jami'an mulkin mallaka na ƙasashen biyu sun fara zama tare tun ƙarshen 1945, kuma jerin tarurrukan ƙwararru suka biyo baya: na lafiyar dabbobi a Dakar da na likitoci a Akara a 1946, na sufuri da sadarwa a Dakar a 1947, na ƙudan tsando da sammore a Brazzaville a 1948, na cutar bushiya a Nairobi a wannan shekarar. A Janairun 1950 aka kafa hukumar haɗin gwiwar fasaha ta Afirka kudu da Sahara, wadda aka fi sani da CCTA, mai mambobi shida: Birtaniya, Faransa, Beljiyam, Fotigal, Afirka ta Kudu da Rodeshiya ta Kudu.

Duk wanda ya dubi jerin zai lura cewa cuta da ƙwaro da ƙasar noma ne suka cika shi. Kuɗi da kwastan da siyasa ba su samu shiga ba. Kent ya nuna cewa ba mantuwa aka yi ba. Ma'aikatar Harkokin Wajen Birtaniya na son ƙawance mai faɗi saboda Turai, amma Ofishin Kula da Ƙasashen Mallaka na ja da baya, kuma gwamnonin da ke Legas da Akara sun fi shi ja. Dalilansu uku ne.

Na farko, alƙiblar siyasa ta saɓa. Taron Brazzaville na 1944 ya kawar da batun cin gashin kai ga ƙasashen Faransa, kuma tsarin mulkin 1946 ya sa su cikin Tarayyar Faransa, inda wakilin Nijar zai je ya zauna a majalisar Paris. Birtaniya kuwa, musamman bayan tarzomar Akara ta Fabrairun 1948, ta kama hanyar miƙa mulki ga kowace ƙasa ita kaɗai. Jami'an Ingila na tsoron 'yan kishin ƙasa a Legas su ce an haɗa baki da Faransa don a jinkirta 'yanci. Jami'an Faransa na tsoron guguwar Akara da Legas ta tsallaka iyaka.

Na biyu, kuɗi. A 26 ga Disamban 1945 Faransa ta ƙirƙiro sefa, ta ɗaure ta da kuɗinta. Najeriya na cikin rukunin fam. Kowane rukuni katanga ce da aka gina don kada kuɗin waje ya zurare, kuma ba wanda ya yarda ya huda tasa saboda maƙwabci.

Na uku, Amurka. Da matsalar dala ta sake tsananta, Birtaniya ta karya darajar fam a Satumban 1949, daga dala 4.03 zuwa 2.80. Ta tabbata cewa arzikin Afirka ba zai zo da saurin da ake buƙata ba, kuma Turai ba za ta iya kare kanta ba sai da Amurka. Bevin ya ajiye mafarkinsa. Faransa ta juya ga Jamus: sanarwar Robert Schuman ta 9 ga Mayun 1950 ta ambaci raya Afirka a cikin ayyukan Turai, kuma Yarjejeniyar Roma ta 1957 ta haɗa ƙasashen Faransa na Afirka da kasuwar Turai. Peo Hansen da Stefan Jonsson sun bi wannan zaren a littafinsu na 2014. Sakamakonsa a ƙasar Hausa shi ne Damagaram ta shiga wani tsarin ciniki, Gumel ta zauna a wani.

Masana sun saɓa kan yadda za a fassara ɗan haɗin gwiwar da ya wanzu. Masanin Faransa Marc Michel ya yi tambaya a 1983 ko wannan wani sabon salon mulkin mallaka ne mai wayo. Kent ya nuna cewa babban amfanin CCTA ga masu ita shi ne toshe ƙofa: idan Majalisar Ɗinkin Duniya ta nemi shigowa Afirka da hukumominta, sai a ce mata ai akwai masu yin aikin. Wasu kuma na ganin likitocin dabbobi da na mutane sun yi aiki na gaske ko da manufar manyansu ta siyasa ce. Duka fassarorin na iya zama daidai a lokaci guda.

Diflomasiyyar ƙafa

A bakin iyaka, talaka na da nasa lissafin. Mulkin Faransa ya fi tsanani wajen haraji da aikin tilas da ɗaukar soja, kuma ba a soke aikin tilas a ƙasashenta ba sai da dokar 11 ga Afrilun 1946 mai ɗauke da sunan Houphouët-Boigny. Kafin nan, maganin kumandan mai zafin hannu shi ne a ɗaure kaya da dare a tsallaka ƙasar Ingilishi, inda dangi ke jira. Makiyayi ma na auna jangali a nan da can kafin ya zaɓi inda zai yi damina. Finn Fuglestad, a tarihin Nijar da ya wallafa a 1983, ya nuna yadda wannan ƙaura ta riƙa damun hukumomin Faransa, domin kowane gida da ya tashi haraji ne ya ragu.

Gyaɗa ta fi komai tona asirin ƙawancen. Hanya mafi sauƙi ga gyaɗar Maraɗi da Magarya da Damagaram ita ce ta Kano, daga nan jirgin ƙasa zuwa Legas. Faransa ba ta ji daɗin dogaro da layin dogon ƙawarta ba. A 1953 ta ƙaddamar da shirin da ta kira Hirondelle, inda ta riƙa tallafa wa motocin da ke kai kaya ta Gaya zuwa Paraku, sannan jirgin ƙasa zuwa Kwatano, duk da hanyar ta fi tsawo ga gabashin Nijar. A ɓangaren Najeriya, hukumar cinikin gyaɗa da aka kafa a 1949 ce ke yanka farashi, sau da yawa ƙasa da na kasuwar duniya, Faransa kuma na da nata farashin. John Collins, a nazarinsa na 1976 kan fasa-ƙwaurin gyaɗa tsakanin ƙasashen biyu, ya nuna cewa buhuna na bin farashi: shekarar da ya fi tsoka a arewa su haura, shekarar da ya fi a kudu su gangaro. Abin da ministoci suka kasa daidaitawa a teburi, jaki da raƙumi suka daidaita shi a daji.

'Yan siyasa ma sun tsallaka. Klaas van Walraven, a littafinsa na 2013 kan jam'iyyar Sawaba ta Djibo Bakary, ya nuna yadda 'yan Sawaba suka samu mafaka da taimako a Kano wurin 'yan NEPU bayan an murƙushe su a gida sakamakon ƙuri'ar raba gardama ta 28 ga Satumban 1958. William Miles kuwa ya bar fayiloli ya zauna a ƙauyuka biyu maƙwabta, Yardaji a ƙasar Daura da Yekuwa a ƙasar Magarya, ya fitar da littafinsa a 1994. Ya samu harshe ɗaya da addini ɗaya da auratayya, amma sarauta da makaranta da yadda ake kallon hukuma sun bambanta, kuma mutanen sun san kansu a matsayin 'yan ƙasa biyu.

Gadon da aka bari

Nijar ta samu 'yanci a 3 ga Agustan 1960, Najeriya a 1 ga Oktoba. Ba a yi nisa ba tsohuwar ƙullalliya ta sake fitowa. Faransa ta gwada bam ɗin nukiliya a Reggane cikin Saharar Aljeriya a 13 ga Fabrairun 1960, ta sake a Afrilu, ta kuma sake a Disamba. A Janairun 1961 gwamnatin Abubakar Tafawa Ɓalewa ta kori jakadan Faransa, ta hana jiragen ruwa da na saman Faransa shigowa. Cikin waɗanda matakin ya fi ƙuntata wa akwai Nijar da Chadi, masu dogaro da tashoshin ruwan Najeriya, kuma bayan 'yan watanni aka ɗage hanin jiragen. Wannan ne karon farko da Najeriya mai 'yanci ta ga cewa duk sandar da ta ɗaga wa Paris, a bayan maƙwabci take sauka.

Daga dukan tarurrukan bayan yaƙi, wanda ya fi yi wa kasuwa irin ta Maigatari amfani shi ne na dabbobi. A 1961 aka yi taro a Kano ƙarƙashin CCTA, aka tsara gangamin rigakafin bushiya na haɗin gwiwa da aka kira JP15. Ya fara a 1962 a Najeriya da Nijar da Kamaru da Chadi, da tallafin kasuwar Turai da Amurka, daga baya ya bazu zuwa ƙasashe fiye da ashirin. Sirrinsa shi ne a yi allura a ɓangarorin iyaka biyu a lokaci guda, domin garken da aka bari a Dungas zai harbi wanda aka yi wa a Gumel. Da gangamin ya ƙare a 1976 aka yi sakaci, cutar ta dawo a farkon shekarun 1980 ta yi wa makiyayan Najeriya mummunar ɓarna. Aka sake ɗaura ɗamara, kuma a 2011 aka bayyana cewa bushiya ta ƙare a duniya. Ita kanta CCTA, Ƙungiyar Haɗin Kan Afirka ta gaje ta a tsakiyar shekarun 1960, da ofishinta a Legas.

Katangar kuɗi kuwa tana nan. Ɗan canji a Maigatari da ke juya naira da sefa yana cin abinci ne daga shawarar da aka yanke a Paris a 1945 da wadda aka ƙi yankewa a Landan a 1948. Hukumar haɗin gwiwar Najeriya da Nijar da aka kafa a 1971 ba ta rushe ta ba, ECOWAS ma ba ta yi ba, kuma ficewar Nijar daga ƙungiyar a Janairun 2025 ta mayar da batun iyakar hannun Abuja da Yamai kai tsaye. Tarihin 1945 zuwa 1960 na nuna cewa abin da ya ɗore shi ne yarjejeniya ƙarama mai aiki takamaimai, wadda kowane ɓangare ke ganin asararsa idan ta rushe.

Akwai kuma aikin da ya rage wa masana na gida. Tarihin diflomasiyya ana rubuta shi ne daga takardun da masu mulki suka ajiye, kuma ba duka suka bari a gani ba: a 2011, sakamakon ƙarar da tsofaffin 'yan Mau Mau na Kenya suka shigar, gwamnatin Birtaniya ta amsa cewa ta ɓoye dubban fayilolin mulkin mallaka a Hanslope Park. Fayilolin Kew da na Aix-en-Provence da na Dakar na ɗauke da muryar minista da gwamna. Rahotannin Lardin Kano da ke ma'ajiyar tarihi ta ƙasa a Kaduna na ɗauke da ta Razdan da Di'o. Muryar dillalin shanu da madugun gyaɗa da matar da aka kai aure tsallaken iyaka tana wurin dattawan Maigatari da Gagarawa da Sule Tankarkar, kuma wanda ya yi wayo a 1950 yau ya haura tamanin. Jami'ar Tarayya ta Dutse da Jami'ar Sule Lamido ta Kafin Hausa da Kwalejin Ilimi ta Gumel duk suna kusa da su, tafiyar da ba ta kai yini ba.